Wuraren da aka ɗauki fim ɗin hutun Mista Bin a Faransa

Da wuya a samu gidan Bahaushe a Turai da yara ba su kalli Mr. Bean's Holiday ba, wato fim ɗin da ya fito a 2007, wanda Rowan Atkinson ya fito a matsayin Mista Bin, ya ci kyautar tafiya daga Landan zuwa bakin teku a garin Kan da ke kudancin Faransa. Da yake lokacin hutu yara kan matsa wa iyaye a kai su wuraren da suka gani, ya kamata a sani cewa wuraren na gaske ne, sai dai hanyar da fim ɗin ya nuna ba ita ce hanyar da matafiyi zai bi ba.

An yi aikin ɗaukar fim ɗin a 2006. A wancan lokaci jirgin ƙasa na Eurostar daga tashar Waterloo yake tashi, amma tun watan Nuwamba na 2007 ya koma St Pancras. A Paris jirgin yana tsayawa a Gare du Nord, kuma daga nan zuwa Gare de Lyon, inda jiragen kudu suke tashi, tasha biyu ce kawai a layin RER D. Shi kuwa gogan naku tasi ce ta kwashe shi zuwa La Défense, unguwar manyan ofisoshi a yammacin birni, ya dawo da ƙafa yana bin kamfas.

Gidan abincin da aka kawo masa tiren jatan lande da dangin dodon koɗi na teku, har ya juye wasu a jakar wata mata, sunansa Le Train Bleu, yana nan a saman bene cikin Gare de Lyon. An buɗe shi a 1901, aka ba shi wannan suna a 1963, sannan a 1972 gwamnati ta sa shi cikin gine-ginen tarihi saboda zane-zane da adon zinariya da ke rufinsa. Abincin akwai tsada, don haka mai iyali da yawa ya duba aljihunsa kafin ya hau matakala.

Daga Paris labarin ya gangara kudu zuwa yankin Provence, inda aka sauke Mista Bin da yaron nan Stepan a Cavaillon, wani ƙaramin gari kusa da Avignon wanda ya yi suna wajen noman wani nau'in kankana mai zaƙi.

To, a nan ne inda gizo ke saƙar. Bayan ya haɗu da Sabine mai ƙaramar mota Mini, an nuna su suna ƙetare wata doguwar gada mai ban mamaki. Gadar Millau ke nan, wadda aka buɗe a watan Disamba na 2004 a kan kwarin kogin Tarn. Tsawonta mita 2,460 ne, ƙololuwarta kuma mita 343 daga ƙasa, wato ta ɗara hasumiyar Eiffel. Amma Millau tana yamma da Cavaillon ne, shi kuwa Kan yana gabas. Wanda ya ce sai ya bi ta kan gadar a kan hanyarsa ta zuwa Kan, ya juya wa inda za shi baya, kamar mutumin da ya tashi daga Kano za shi Maiduguri amma ya ce sai ya biya ta Gusau. Masu fim kyawun gadar suka bi, ba taswira ba. Idan har ana son ganinta, a ware mata yini guda, a kuma tanadi kuɗin fito.

A Kan, an nuna zauren Palais des Festivals inda ake bikin fina-finai kowane watan Mayu, da titin La Croisette da Mista Bin ya ƙetare ta kan rufin motoci ya sauka bakin teku. Mai zuwa da yara gara ya kauce wa makonnin bikin, domin masauki kan yi wuya kuma ya yi tsada.

'Yan uwa mazauna Ingila masu fasfon Nijeriya, Nijar ko Gana su tuna cewa takardar zama a Birtaniya ba ta shigar da mutum Faransa, sai an nemi bizar Schengen tun da wuri.