Shin Ko Kun San? Ɗan Wasan Da Shirunsa Ya Ceci Yara

Shin ko kun san cewa Marcel Marceau, Bafaranshen da duniya ta sani da wasan bebe, wato kwaikwayo da fuska da hannu ba tare da furta kalma ba, Bayahude ne? An haife shi a birnin Strasbourg ranar 22 ga Maris, 1923, kuma sunansa na yanka Marcel Mangel. Mahaifinsa mahauci ne, mai sayar da naman da aka yanka bisa ƙa'idar addinin Yahudawa.

Sunan Marceau ɗin aro ne. Da sojojin Hitler suka mamaye Faransa, shi da ɗan'uwansa Alain suka ɗauki sunan wani janar na zamanin juyin juya halin ƙasar don su ɓad da sawu.

Shin ko kun san cewa tun kafin ya yi suna, wasan nasa ya yi aikin ceton rai? Yana saurayi ya shiga ƙungiyar ɓoye mai yaƙar mamayar, inda ya haɗu da ɗan'uwansa Georges Loinger wajen fitar da yaran Yahudawa zuwa Suwizalan. Duk wanda ya taɓa tafiya da yara ya san hana su surutu ba ƙaramin aiki ba ne, balle a hanyar da kuka ɗaya zai iya jawo wa kowa halaka. Sai Marcel ya riƙa yi musu kwaikwayo cikin shiru, su shagala da kallo, bakinsu ya mutu. Ya kuma iya haɗa takardun shaida na jabu. Amma nasa mahaifin bai tsira ba: an kama shi a 1944, aka kai shi sansanin Auschwitz, can aka kashe shi.

A 1947 Marcel ya ƙirƙiro wani mutum da yake kwaikwaya a wasansa, mai suna Bip, mai farar fuska da tsohuwar hula ɗauke da jan fure. Dariya yake ba mutane, amma a ganina duk wanda ya san tarihin nan zai hango makoki a fuskar.

Wani abin ban dariya: a fim ɗin Silent Movie na 1976, wanda babu magana a cikinsa, kalma ɗaya tak aka furta, "A'a" da Faransanci, kuma daga bakin sarkin shirun ta fito!

Bai cika tallata abin da ya yi a lokacin yaƙi ba. Sai a 2001 Jami'ar Michigan ta Amurka ta ba shi lambar yabo ta Wallenberg saboda wannan jarumta.

Ya rasu ranar 22 ga Satumba, 2007, yana da shekara 84, ranar da ta dace da Yom Kippur, azumi mafi girma a wurin Yahudawa. Loinger kuwa ya kai shekara 108 kafin ya rasu a 2018.