Ƙwan Zabi a Farantin Biki: Ado, Wasa da Rabon Yara

Da zarar damina ta kankama a kudancin Katsina, zabi sukan fara saka. Daga Pauwa, tsohon garin da hakimin Ƙanƙara yake ɗauke da sunansa a sarautar Sarkin Pauwan Katsina, har zuwa Faskari da Sabuwa, lokacin ne ake ganin yara da tire a ka suna tallan dafaffen ƙwan zabi, ga ƙullin yaji a gefe. Direba ya saya, fasinja ya saya, mai shayi ya fasa nasa a kasko. Amma sau da yawa yarinyar da ta ɗauko tiren ba ta ɗanɗana ko guda. Ranar suna ko walimar saukar karatu ma, in an yanka ƙwai a kan kwaɗon kabeji da latas, farantin manya yake nufa. Yara sai dai su ji ƙamshi.

A wata duniyar kuwa, ƙwai ne abin da ake ƙawata wa yara a ranar shagali. Duk ƙarshen watan Oktoba hotuna kan cika wayoyinmu na bikin Halowin da ake yi a Amurka da Ingila a daren 31 ga wata. Asalinsa daga tsofaffin al'adun mutanen Ayalan da Sikotilan ne, ya haɗu da jajiberin wani idin Kirista, 'yan ci-rani suka kai shi Amurka a ƙarni na 19. Cikin abincin wannan dare akwai dafaffen ƙwai da ake rabawa biyu, a fitar da gwaiduwar, a dama ta da bama da kayan yaji, a mayar da ita gurbinta. Daga nan sai ado: a yanka baƙin zaitun a jera shi ya zama gizo-gizo, ko a ɗora yanki guda a tsakiya ya zama ƙwayar ido mai zare wa mutum.

Wannan biki ba namu ba ne, ba mu kuma da buƙatarsa. Amma girkin ya girmi bikin a Amurka nesa ba kusa ba, kuma akwai hannun Musulmi a tarihinsa. Wani littafin girki na Larabci da aka rubuta a ƙarni na 13, wanda ya tattara abincin Andalus da Magrib, ya kawo yadda ake raba dafaffen ƙwai, a kirɓa gwaiduwar da ganyen kuzbara da ruwan albasa da masoro da mai da gishiri, a cusa, sannan a haɗe ɓarin biyu da ɗan tsinke. Rina ƙwai domin murna ma tsohon abu ne a ƙasashe da dama. Misirawa suna yi a bikin Shammun Nasim na bazara, mutanen Iran suna jera rinannen ƙwai a Nairuz, Sinawa kuma suna farfasa ɓawonsa su dafa shi cikin shayi har zane ya fito a jikinsa.

Wasa da abin tsoro ma ba sai an koya wa Bahaushe ba. Idan azumi ya kai kwana goma, yara sukan fito tashe. Wani ya manna auduga ya zama tsoho mai gemu, wani ya shafe fuska da gawayi da toka, wani a ɗaura masa igiya a ƙugu ana jan sa gida-gida, ƙanana suna ɓuya bayan iyayensu suna leƙe suna dariya. Tatsuniyoyinmu cike suke da Dodo da Gizo da Ƙoƙi, kuma kowane yaro ya san Dodon tatsuniya a ƙarshe shi ake yi wa wayo. Tsoro ne mai linzami, wanda yaro ke shiga ya fita da ƙafarsa. Saboda haka uwargidan da ta zana fuskar Dodo a kan ƙwai ranar da yaranta za su fita tashe, daga rumbun gidanta ta ɗebo.

Aikin yana farawa ne daga zaɓen ƙwai. A saka shi cikin ruwa: mai kyau yana nutsewa, wanda ya taso sama ya daɗe ko ya zama bara-gurbi, a jefar. Wanda aka saka yau-yau kuma yana da wuyar ɓarewa, fari yakan bi ɓawo, don haka wanda ya ɗan kwana biyu ya fi daɗin aiki. Bayan ruwa ya tafasa, minti 10 zuwa 12 sun isa, sai a tsame a zuba cikin ruwan sanyi. Wannan kore-koren da kan zagaye gwaiduwa alamar an zarce da dahuwa ce. Sinadarin ƙarfe na gwaiduwa ne ke haɗuwa da kibiritun da ke cikin farin. Ba ya cutarwa, amma yana rage kyan gani.

Launi kuwa yana nan a madafa. Idan ƙwan ya dahu, a bubbuga ɓawon da bayan cokali har ya tsattsage ko'ina, kada a ɓare. Na zabi yana da kauri, sai an ɗan sa ƙarfi. A mayar da shi cikin ruwan zoɓo mai kauri wanda ba a sa wa sukari ba, a bar shi kan wuta kaɗan-kaɗan na kimanin minti 20. In aka ɓare, za a ga zane ya bi tsagar ɓawon tamkar saƙar gizo-gizo. Kada uwargida ta yi mamaki idan launin bai fito ja ba, ya karkata zuwa shunayya ko ruwan toka mai duhu. Farin ƙwai yana yi wa zoɓo irin abin da kanwa take yi masa. Mai son ja-ja sai ta matsa lemon tsami a ruwan. Ɓawon albasa yana ba da ruwan ƙasa mai ja, kurkum kuma rawaya. Galurar rini da lallen kanti da duk wani launin da ba na ci ba, kada su kusanci abinci.

Sai a raba ƙwan biyu a tsaye, a juye gwaiduwar cikin kwano, a murje ta. Mai bama ta sa cokali ɗaya ko biyu. Wadda ba ta da shi, kindirmo mai kauri ko ɗan man gyaɗa da lemon tsami sun wadatar. A ƙara gishiri da yajin ƙuli da albasa yankakka ƙanana, amma a sassauta barkono tunda yara za su ci. A zuba haɗin cikin leda mai tsabta, a yanke kusurwarta, a matsa shi cikin gurbin. Zagayen karas ko gurji da ɗigon baƙin yaji a tsakiya ya zama ido. Siraran yankan tattasai su zama haƙora ko ƙaho, lawashi ya zama gemu. Kanumfari yana kyau a matsayin ido, sai dai yana iya shaƙe ƙaramin yaro, gara a bar shi. Gidan da ba a son siffar mai rai, ga tauraro da jinjirin wata da dagin Arewa da irin zanen da ake yi wa amare.

Akwai iyaka guda da ya kamata a kiyaye a wannan yanki. Mutanen Ƙanƙara ba su manta daren 11 ga Disamba 2020 ba, lokacin da 'yan bindiga suka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar sakandaren kimiyya ta garin, kuma ƙauyukan Faskari da Sabuwa sun sha gudun dare. Yaron da ya ji ƙarar bindiga da kunnensa ba ya buƙatar jini ko ƙoƙon kan mutum a farantinsa, irin wanda ake gani a hotunan Turai. A yi masa Dodo mai karkataccen ido da gemun lawashi, wanda zai yi wa dariya kafin ya cinye shi.

Zafinmu ma yana da hukuncinsa. Ƙwan da aka ɓare aka dama gwaiduwarsa ba ya jimiri. Ƙa'idar masana tsabtar abinci ita ce kada ya wuce awa 2 a waje, idan kuma zafi ya haura digiri 32, awa 1 kacal. Inda babu firji, a dafa ƙwan a bar shi cikin ɓawonsa, sai baƙi sun hallara a yanka a cusa. A wanke hannu da wuƙa da tire, a rufe saboda ƙuda, abin da ya ragu kuma kada a ajiye shi sai gobe.

Abin tsoro na gaskiya game da ƙwai a ƙasar Hausa shi ne camfin da ke cewa yaron da ya saba cin sa zai koyi sata. Har masu juna biyu akan hana. Babu hujjar wannan a addini, babu a likitanci. Talauci ne ya haifi maganar, domin ƙwai kuɗi ne, kuma ƙwan zabin da aka sa wa kaza ta kwanta a kai, cikin kwana 26 zuwa 28 zai zama ɗan zabo. Amma ƙwan kaza guda yana ɗauke da kimanin giram 6 na furotin mai gina jiki, ga bitamin A da B12 da sinadarin kolin da ƙwaƙwalwar yaro ke buƙata. Wani bincike da aka yi a Ekwado, aka wallafa a 2017, ya nuna cewa ba jarirai 'yan wata 6 zuwa 9 ƙwai ɗaya kullum na tsawon wata 6 ya rage tsumburewa da kashi 47 cikin ɗari. Da aka maimaita gwajin a Malawi ba a ga irin wannan tasiri a tsawon yara ba, abin da ke nuna ƙwai shi kaɗai ba ya maye gurbin sauran abinci da tsabtataccen ruwa. Duk da haka, a Katsina, jihar da ƙungiyar likitoci ta MSF take jinyar yara masu tamowa tun 2021, babban kuskure ne a fitar da duk ƙwan gida kasuwa, yaran gidan suna kallo.

Camfi ba ya mutuwa da wa'azi kaɗai, sai ido ya saba da ganin akasinsa. Ranar da kaka ta ga jikokinta sun zagaye tire suna gardamar wa zai ci Dodo mai ƙaho, aka watse babu wanda ya zama ɓarawo, rabin maganar ta ƙare. Hausawa sun ce ƙwai a baka ya fi kaza a akurki. Don haka a sunan da ke tafe, ko walimar sauka, ko ranar Sallah, uwargida ta ware ƙwai goma daga na sayarwa, ta kira yaran su taya ta yanka karas da jera ido, kuma a fara miƙa musu nasu farantin kafin na manya ya fita zaure.