Hura Wa Kaset Iska: Magani Ne Ko Camfi?

A shekarar 1985 ne kamfanin Nintendo na ƙasar Japan ya shigar da na'urarsa ta wasan talabijin, wato NES, kasuwannin Amurka. Ba a jima ba yara suka gano tana da wata larura. Sai a sa kaset a kunna, amma maimakon wasa ya fito, sai jar fitilar da ke gabanta ta riƙa ƙyaftawa, hoton talabijin kuma yana zuwa yana ɗaukewa. Maganin da ya bazu a tsakaninsu shi ne a zare kaset ɗin, a hura masa iska da baki, a mayar. Sau da yawa kuwa wasan yakan tashi.

To, shin iskar ce ta yi aikin? Kafin a amsa, sai an san yadda kaset da na'ura suke haɗuwa. A bakin kaset akwai 'yan haƙoran ƙarfe guda 72, kowanne da abokinsa a cikin na'urar, kuma ta nan saƙonnin lantarki suke wucewa. Shi kaset ɗin ta gaba ake tura shi, kamar na bidiyo, sa'an nan a danna shi ƙasa. Wannan dannawa tana lanƙwasa haƙoran na'urar, har yau da gobe ta sa riƙonsu ya yi sanyi. Ƙura da dauɗa kuma su ƙara tare hanya.

Ƙyaftawar fitila kuwa aikin wani ɗan mai gadi ne na lantarki da ake kira 10NES, wanda aka sa domin hana amfani da kaset marar izinin kamfanin. Yakan yi musayar saƙo da takwaransa da ke cikin kaset. Idan bai ji amsa ba, sai ya riƙa mayar da na'urar farko, kamar sau ɗaya kowace daƙiƙa. Haƙori ɗaya da bai zauna daidai ba ya isa ya jawo haka.

Ashe abin da ke gyara lamarin shi ne cirewa da mayarwa, domin suna goge haƙoran, su kuma sake musu zama. Numfashi kuwa yana ɗauke da laima da yawu, waɗanda sannu a hankali suke cin tagulla. Shi ya sa kamfanin da kansa ya yi gargaɗi a daina hurawa. A 1993 ya fito da sabon samfuri wanda ake sa masa kaset ta sama, ba kuma tare da mai gadin nan ba.

Hanyar da ta dace ita ce a cire na'urar daga wuta, a goge haƙoran kaset da auduga da ɗan sifirit, a bari su bushe. Idan abin ya ƙi, a gwada wani kaset. In wannan ya yi, laifin na farkon ne. In duk suka ƙi, sai a duba na'urar. Haka ake yi da abin sarrafa wasa da wayoyin talabijin: abu ɗaya ake sauyawa a lokaci guda, domin wanda ya sauya biyu tare ba zai san wanne ya yi maganin ba.

Da yaran nan sun gwada sau ashirin da hurawa, sau ashirin kuma ba hurawa, suka rubuta sakamakon a takarda suka kwatanta, da sun raba gardamar da kansu.