Me ya sa makirfon abin sauraro maras waya ke ƙin aiki a kwamfuta?

Tun bayan annobar korona ta shekarar 2020, taro ta hanyar intanet ya zama ruwan dare, har a yankunan karkara irin su Kadawa, inda ake noman rani a ƙananan hukumomin Kura da Bunkure da Garun Malam na jihar Kano, da ruwan madatsar Tiga wadda aka kammala a 1974.

Malamin gona, ko sakataren ƙungiyar manoman shinkafa da tumatir, ko ɗalibi mai bincike a tashar noman rani ta Jami'ar Ahmadu Bello da ke Kadawa, kan iya buɗe kwamfuta ya shiga taro ta Zoom ko Google Meet da ɗan abin sauraro maras waya a kunne.

Sai dai sau da yawa mutum kan ji kowa sarai, amma da ya buɗe baki babu mai jin sa. Ga wanda aka ba minti biyar ya gabatar da koken manoma kan rabon ruwa ko tsadar taki, wannan ba ƙaramar asara ba ce.

Tushen matsalar

Waɗannan na'urori suna aiki ne da fasahar Bluetooth, wadda kamfanin Ericsson na ƙasar Sweden ya fara ƙirƙirowa a 1994.

Fasahar na da hanyoyi biyu na aika sauti. Ta farko, A2DP, ta sauraro ce kawai: tana kawo sauti mai inganci zuwa kunnuwa biyu, amma ba ta ɗaukar murya. Ta biyu, HFP, ita ce ta kiran waya: tana kai murya tana kawowa, sai dai ingancinta bai kai na farkon ba.

Wayar salula kan sauya daga wannan hanya zuwa waccan da kanta da zarar an yi kira. Kwamfuta kuwa ba kullum take yin hakan ba. Idan ta tsaya a kan hanyar farko, makirfo zai yi shiru ko da lafiyarsa ƙalau.

Hakan ne kuma ya sa sauti kan dusashe da zarar makirfo ya soma aiki. Wannan ba lalacewa ba ce.

Matakan da za a bi

Da farko a tabbatar makirfon kansa na da rai. A haɗa shi da waya, a kira wani, a ajiye wayar nesa kaɗan, sannan a yi magana. Idan an ji muryar, to laifin na wajen kwamfuta ne.

Na biyu, a kashe Bluetooth na wayar. Abin sauraro da yawa kan koma wa wayar da ya saba da ita, wasu kuma kan haɗu da na'urori biyu a lokaci guda, sai wayar ta riƙe makirfon.

Na uku, a duba wace na'ura kwamfuta ta zaɓa don ɗaukar murya. A Windows 10, abin sauraro ɗaya kan bayyana da suna biyu a sashen sauti, ɗaya da kalmar Stereo, ɗaya da Hands-Free. Na biyun shi ne mai makirfo. Windows 11 ta haɗe su wuri guda, amma duk da haka sai an zaɓe shi a jerin na'urorin shigar da murya.

Na huɗu, a duba izini. Tun daga 2018, Windows 10 da kwamfutocin Mac na Apple ke iya hana manhaja amfani da makirfo idan ba a ba ta dama ba. Ana buɗe wannan ne a sashen sirri, wato inda aka rubuta Privacy. Haka zalika Chrome da sauran manhajojin shiga intanet kan nemi nasu izinin.

Na biyar, a leƙa cikin manhajar taron kanta. Zoom da Teams da Meet kowace na da nata wurin zaɓen makirfo da lasifika, kuma ba lallai zaɓinta ya dace da na kwamfuta ba.

Idan har yanzu shiru, sai a goge sunan na'urar daga jerin Bluetooth na kwamfuta, a mayar da ita cikin akwatinta, a sake haɗa su tun daga farko.

Kwamfutocin gwanjo

Mutane da dama na amfani da kwamfutoci na hannu da aka shigo da su daga Turai ko Amurka. Idan aka sake ɗora musu Windows, akan bar su ba tare da ainihin manhajar da ke tafiyar da Bluetooth ba, wadda masu gyara ke kira direba. Maganin shi ne a sauko da ita daga shafin kamfanin da ya ƙera kwamfutar, kamar HP ko Dell ko Lenovo.

Ya kamata kuma a sani cewa Microsoft ya kawo ƙarshen tallafin da ya saba bai wa Windows 10 a ranar 14 ga watan Oktoban 2025.

Akwai sabon tsari mai suna LE Audio da aka sanar a 2020, wanda ke kyautata sauti yayin magana, amma sai kwamfuta da abin sauraron duka suna ɗauke da shi.

Ƙura da zafi

Lokacin noman rani shi ne na hunturu, kuma ƙofar makirfo ba ta fi kan allura da yawa ba. Ƙura da gumi kan toshe ta, murya ta riƙa fita can ƙasa-ƙasa. A share ta da busasshen burushi mai laushi, ba da tsinke ko ruwa ba.

Zafin bazara kuma na rage ƙarfin batir, don haka kada a bar akwatin a rana ko cikin mota a rufe. A wasu samfura, ɗaya daga cikin kunnuwan biyu ne kawai ke ɗaukar murya, idan cajinsa ya ƙare, shi ke nan.

Nisa ma na da tasiri. Bluetooth na irin waɗannan na'urori ba ya wuce kimanin mita 10, kuma yana raba zango ɗaya da Wi-Fi, abin da kan sa murya ta riƙa yankewa idan na'urori sun yi yawa a wuri guda.

Idan duk an gwada waɗannan bai yi ba, a iya kai na'urar wurin masu gyara, kamar na kasuwar waya ta Farm Centre a birnin Kano. Amma kafin nan, yana da kyau a gwada murya minti goma kafin a fara taro, a kuma ajiye abin sauraro mai waya a cikin jaka, tun da shi ba ya buƙatar caji ko haɗi. Masu iya magana dai sun ce da tsohuwar zuma ake magani.