Izgar goge: ana jin muryarta, ba a san mai haɗa ta ba

Tambayi duk wanda ya taso da rediyo a gida, zai lissafa miki makaɗan goge da kukuma: Garba Liyo, Hassan Wayam, Garba Supa, Ahmadu Doka. Amma ki tambaye shi wa ya haɗa izgar da suke gogawa, sai ya yi shiru. Alhali in babu wannan ɗan baka, goge ƙwarya ce kawai da aka rufe da fatar guza.

A ƙauyukan Ɗambatta, Makoɗa, Kunci da Bichi, inda gona ke manne da gona, irin wannan aiki na rani ne, bayan gero da dawa sun shiga rumbu. Sau da yawa makaɗin ne da kansa ke haɗa kayansa, yadda ya gani a wurin ubangidansa. Zai lanƙwasa sanda ko siririn ƙarfe, ya zaɓo tsagiyar doki doguwa mara karaya, ya wanke, ya taje, ya ɗaure bakin biyu daidai wa daida. Sili ɗaya ya saki, kunne zai ji.

Sai kuma ƙaro. Tsagiya tsurarta zamewa take yi, ba ta fitar da sauti. In an shafa mata ƙaro, sai ta riƙa kama tsirkiya tana saki, sau ɗaruruwa a daƙiƙa guda. Wannan kamu da saki shi ne kukan da ke ratsa zuciya a gidan biki.

A ƙasar Turai ma haka abin yake ga gogen Turawa, sai dai can an adana sunan gwanin. Shi ne François Tourte, mutumin birnin Paris a Faransa, wanda ya rasu a 1835. Mahaifinsa mai haɗa izga ne, amma shi an fara kai shi koyon aikin agogo. Hannun da ya saba da ƙananan ƙusoshi ya dawo da shi sana'ar gida. Ya yi ta gwada itatuwa har ya tsaya a kan wani jan itace na ƙasar Brazil mai suna pernambuco. Maimakon ya sassaƙa sandar a lanƙwashe, sai ya fere ta a miƙe, ya gasa ta a wuta, ya tanƙwara ta a hankali, don kada ƙarfinta ya tafi. Ya sa zoben ƙarfe da ke baje tsagiya ta kwanta kamar ƙirtani mai faɗi. Wajen 1785 fasalinsa ya zauna, kuma har yau a kansa ake tafiya a duniya.

Yanzu sana'ar na cikin matsi a ɓangarorin biyu. Itacen pernambuco ya yi ƙaranci, har aka sanya takunkumi a kan cinikinsa tsakanin ƙasashe a 2007. A nan gida, doki ya koma na hawan Sallah a gidajen hakimai da dagatai, babur ya karɓe aikinsa. Masu biki sun koma ga DJ da waƙar situdiyo. Ga kuma kallon da ake wa goge saboda tsohuwar alaƙarsa da bori, wanda ya sa 'ya'yan makaɗa da yawa suka bar gado. Dattijo ya rasu, sirrin ɗaurinsa ya bi shi, domin ba a rubuta shi a ko'ina ba.

Ba sai kin so ɗanki ya zama makaɗi ba kafin labarin ya shafe ki. Akwai yaron da kullum yana kwance tocila, yana ƙera mota da karan dawa, ana ce masa maɓarnaci. Irin wannan hannu ne ya fitar da Tourte. Ki bar shi da karatunsa, amma in an yi hutu ki haɗa shi da kafinta, maƙeri ko mai gyaran waya da kika yarda da tarbiyyarsa. In kuma akwai tsohon mai sana'ar hannu a danginku, ki sa yara su zauna da shi, su ɗauki aikinsa a waya tun yana da ƙarfin nunawa.