Ɗa Tilo: Uwar Da Ta Je Tokyo Ganin Ɗanta

A ƙasar Japan, har tsakiyar shekarun 1930 yawancin fina-finai ba su da murya. Wani mutum da ake kira benshi shi ke tsayawa gefen allon majigi, yana yi wa jama'a bayani, yana kwaikwayon muryar kowa. Yasujiro Ozu, wanda aka haifa a 1903, ya daɗe yana shirya irin waɗannan. Da ya tashi yin fim mai murya a 1936, sai ya ɗauko labarin wata gwauruwa da ɗanta. Ma'anar sunan fim ɗin ita ce Ɗa Tilo.

Labarin ya soma a 1923 a yankin Shinshu, inda matar ke aiki a masana'antar zaren siliki. Yaron na son ƙarin ilimi, ita kuwa ba ta da hali, duk da haka ta ce ya tafi. Bayan shekara 13 ta hau jirgin ƙasa zuwa Tokyo ta ga abin da ya zama.

Ta iske shi malamin makarantar dare ne, yana zaune a bayan gari kusa da inda ake ƙona shara. Ya yi aure har da jariri, bai taɓa gaya mata ba. Sai da ya ci bashi kafin ya zaga da ita gari. Ya kai ta silima kallon fim na Jamusanci, baiwar Allah ta yi ta gyangyaɗi.

Wurin da ya fi taɓa ni shi ne hirarsu ta dare. Ɗan ya ce Tokyo ta fi ƙarfinsa. A nan ne uwar ta faɗi abin da ta ɓoye: ta sayar da gida da gona saboda karatunsa, yanzu a ɗakin ma'aikata take kwana. Mai karatu, a ganina ba talaucinsa ya ƙona mata rai ba, karayar zuciyarsa ce.

Daga baya doki ya harbi ɗan maƙwabciya. Kuɗin da matarsa ta samu da ta sayar da rigarta don a fita da suruka, shi ya miƙa aka biya asibiti. Wannan ya faranta ran uwar ƙwarai.

Ta koma Shinshu, ta gaya wa abokiyar aikinta cewa ɗanta ya zama babban mutum. Sa'an nan ta zagaya bayan masana'anta ta zauna ita kaɗai.