Kakuri: Ƙauyen da Masaƙu Suka Haɗiye

Duk wanda ya duba jerin mazaɓun ƙaramar hukumar Kaduna ta Kudu zai tarar da Kakuri har sau biyu: Kakuri Gwari da Kakuri Hausa. Sunayen nan ragowar zamanin ƙauyanci ne. Kafin a san wani gari wai shi Kaduna, ƙasar da ke kudu da kogin Kaduna gonakin Gbagyi ce, waɗanda Hausawa ke kira Gwarawa, manoman doya da dawa a ƙarƙashin sarautar Zazzau. Hausawa Musulmi suka zo da fatauci da sana'a, suka kafa unguwarsu a gefen masu ƙasa, da masallacinsu da makarantar allo.

Layin dogo ne ya fara taɓa wurin. Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, Gwamna Lugga ya ga bakin kogin ya yi masa, a 1917 kuwa hedikwatar Arewa ta taso daga Zungeru ta dawo Kaduna. Turawa suka zauna a arewacin kogi, babbar tasha ta tsaya a kudu, kuma nan layin Fatakwal da ya biyo ta Kafanchan ya zo ya haɗe a 1927. Inda jirgi ke sauke kaya, can mai masana'anta ke neman fili.

A 1957 gwamnatin Sardauna Ahmadu Bello, da haɗin gwiwar kamfanin David Whitehead na Ingila, ta buɗe masaƙar KTL, wadda ta fara da saƙa akoko. A 1964 Cha Chi Ming, attajirin Hong Kong, ya kafa masaƙar UNTL, a shekarar ce kuma aka kafa DICON mai ƙera makamai. Arewa Textiles ta biyo da hannun Japanawa, Peugeot ta fara harhaɗa motoci a 1975. Cikin shekara ashirin jiniyar canjin aiki ta shiga tsara wa mutane lokaci tare da kiran salla. A Arewa Textiles ɗin nan ne Adams Oshiomhole ya fara gwagwarmayar ƙwadago, kafin ya zama babban sakataren ƙungiyar ma'aikatan masaƙu a 1982.

Abin da aka fi mantawa idan ana ba da wannan labari shi ne, Kakuri ba ta taɓa rabuwa da ƙauye ba, ƙauyukan da ta dogara da su ne kawai suka yi nisa. Audugar da injunan ke ci, manoman ƙasar Funtuwa da Malumfashi da Gusau da Zariya ne suka noma ta, matansu da 'ya'yansu suka tsince ta, aka auna a kasuwar auduga, aka gurje, aka ɗaure dila-dila zuwa Kaduna. Da yawa daga masu tsayawa a gaban injin ma 'ya'yan waɗannan ƙauyuka ne. Wani da cirani ya zo, ya samu aiki, ya kama ɗaki, ya ɗauko iyali. Albashin ƙarshen wata kan koma gida ya zama taki, ko kwanon rufi, ko sadakin ƙane. Mai tuwo a bakin ƙofar masaƙa, da mai shayi, da tela, da malamin da ake kai wa sadaka ranar albashi, duk a inuwar auduga suke.

Rushewar ba dare ɗaya ta zo ba. Tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya karya darajar naira, kayan gyaran injuna suka gagara saye. Wutar lantarki ta zama sai an ga dama, baƙin man da tukwanen masaƙu ke sha ya yi wuya duk da matatar mai na nan cikin Kaduna. Aka sassauta hana shigo da yadi a 1997, atamfar Sin mai araha ta cika kasuwa, galibi ta hanyar fasa-ƙwauri. KTL, mallakar jihohin Arewa 19, ta rufe a 2002, UNTL ta tsaya a 2007. An sha ɗora laifin duka a kan Sin, amma a ganina injin da aka ƙi sabuntawa shekara da shekaru ba ya buƙatar baƙo ya kashe shi.

Ana cikin haka rikicin Shari'a na Fabrairun 2000 ya ɓarke, na gasar sarauniyar kyau ya biyo a Nuwamban 2002. Kogin da a da gada ce kawai ake hayewa a je aiki ya koma iyaka. Musulmi da dama suka sayar da gidajensu a kudu suka nufi Rigasa da Tudun Wada, Kiristoci suka yo ƙaura zuwa kudancin kogin. Kakuri Hausa da unguwar Makera ba su watse ba, sai dai sun zama tsiraru a yankin da dā Bahaushe da Bayarabe da Tibi da Bajju suke aiki kan inji ɗaya.

A can ƙauyukan auduga kuwa, manomi bai jira bayanin kowa ba, ya juya gonarsa zuwa masara da waken soya. Tsofaffin ma'aikatan KTL sun shafe shekaru suna zarya da zanga-zanga kan kuɗin sallamarsu, da yawa kuma sun rasu ba su karɓa ba.